Fijo 504 tana kik amma ta ƙi tashi, ina wutar ta maƙale?

Abban Khalifa:
Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Ina neman shawara a kan Fijo 504 ta mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, wadda nake hawa yanzu. Mai kabureta ce, kuma har yau kwantak take amfani da shi, wato 'yan bakin ƙarfe biyun nan na cikin distributa da suke buɗewa da rufewa don ba fulogi wuta. Abin ya faro ne da mutuwa idan ta yi zafi. Ina cikin tafiya sai ta ɗauke ɗif, ba tari ba gargada. In na ɗaga bonet ta sha iska sai ta tashi lafiya lau. Ranar Laraba ta yi min haka a gindin gadar Kawo, sai da 'yan acaɓa suka tura ni gefe. Yaron da yake duba mana ita ya canza fulogi duka, ya canza famfon mai, ya sa sabon kwayil. Da sabon kwayil ɗin ta tashi, amma ban kai Unguwar Dosa ba ta sake mutuwa, sai janyo ta aka yi. Tun daga nan ko tari ba ta ƙara yi ba, alhali kik tana yi da ƙarfi. Yanzu yaron ya ce sai dai a sayi distributa sukutum. Na ce kafin in sake zaro kuɗi bari in ji ta bakinku.

Ɗan Kawo:
Wa alaikumus salam. Oga mai ne wannan. Tankin tsohuwar mota ba ya rasa tsatsa. A sauke tanki a wanke, a hura kabureta, ka ga aiki. Na ja wagon Kaduna zuwa Kano shekara da shekaru, na san halinta.

Maman Ummi:
Allah ya jiƙan Baba. Amma tsakani da Allah Abban Khalifa, kuɗin da kake zubawa a motar nan da adashi ka shiga da su da ka yi nisa a kuɗin wata. Maigidana ma sai da muka yi da gaske ya rabu da tasa.

Abban Khalifa:
Amin Hajiya. Wannan kam ba ta sayarwa ba ce, a cikinta aka riƙa kai mu makaranta.

Riwayan Kurmin Mashi:
Kar a sauke tanki tukuna, kar kuma a sayi distributa. Motar da mai ya yanke mata ba ta mutuwa ɗif. Sai ta yi ta shaƙewa tana fizga, ka taka totur ta ƙi amsawa, sannan ta mutu. Ɗaukewa lokaci guda galibi aikin wuta ne. Amma don hankalin Ɗan Kawo ya kwanta, Malam ka cire eya kilina, makulli a kashe, ka leƙa maƙogwaron kabureta ka ja totur da hannu. In mai ya yi tsartuwa a ciki, to mai yana zuwa.

Abban Khalifa:
Na leƙa. Yana tsartuwa sosai, har wari ya cika wurin.

Ɗan Kawo:
To. Amma dai a wanke tankin ko ba yau ba.

Riwayan Kurmin Mashi:
Ko ba yau ba, na yarda. Malam, kana da fitilar gwaji? In babu, haɗa ta ba wuya. Samu ƙaramin ƙwan mota mai volt 12, irin na fakin, da waya biyu. Ɗaya ka ɗaure ta a jikin injin inda ƙarfe yake tas, ba fenti ba tsatsa. Ɗayar ita za ka riƙa taɓa wurare da ita. Ka fara gwada ta a kan batir ka tabbata tana kamawa, don na sha ganin mutum yana neman wuta da mataccen ƙwai.

Giya a firi, a ja hambirki. Kunna makulli har fitilun dashbod su kawo. A kan kwayil akwai ƙananan kai biyu. A na Faransa za ka ga an rubuta BAT da RUP, a wasu 15 da 1, a wasu alamar tarawa da ta ɗebewa. Taɓa na BAT. Sannan ka sa wani ya yi kik fitilar tana wurin, domin akwai tsofaffin makullan da suke ba da wuta a tsaye, da an murɗa zuwa kik sai su ɗauke. In wannan ya yi kyau, koma ɗaya kan, wanda wayarsa ta tafi distributa, a sake kik. Ka faɗa min abin da fitilar ta yi, kar ka faɗa min abin da kake zato.

Abban Khalifa:
Na yi, ƙanina ya yi min kik. A BAT ta kama, da ana kik ta ɗan rage haske amma ba ta mutu ba. A ɗaya kan ta kama ita ma, tana nan a kunne har aka gama kik.

Riwayan Kurmin Mashi:
Ba ta ƙifta ba ko kaɗan?

Abban Khalifa:
Ko kaɗan.

Riwayan Kurmin Mashi:
Madalla, mun kama hanya. Batir, makulli da wayar da ta zo kwayil duk mun sallame su. Wuta tana shiga kwayil tana fita ta ɗaya gefen, amma ba ta samun hanyar sauka. A wannan kan, fitila ƙiftawa ya kamata ta riƙa yi: kwantak ya rufe ta mutu, ya buɗe ta kama. Da a ce ta ƙi kamawa gaba ɗaya, sai mu ce kwantak ba ya buɗewa, ko waya ta goge tana taɓa jiki, ko kondensa ya haɗe a ciki, ko kwayil ya tsinke. Taka kuwa a kunne take, wato kwantak ba ya haɗawa, ko wayar da ta je gare shi ta tsinke.

Injiniya Malali:
Bari in ɗan sa baki don waɗanda suke bibiya su gane dalili. Kwayil waya biyu ce a naɗe a kan ƙarfe ɗaya, mai kauri mai naɗi kaɗan, da siririya mai naɗi dubbai. Idan kwantak ya rufe, wutar batir tana bi ta mai kaurin ta sauka jikin injin, ƙarfen ya zama maganaɗisu. Ba a wannan lokacin tartsatsi yake fita ba. Sai kwantak ya buɗe, wutar ta yanke farat ɗaya, maganaɗisun ya rushe, a nan ne siririyar wayar take ba da volt 15,000 zuwa sama da 20,000. Shi ne yake bi ta babbar wayar tsakiya zuwa murfin distributa, rota ya raba wa fulogi. Saboda haka in kwantak bai rufe ba, babu abin da zai rushe, ko kwayil goma ka jera. A injin mai silinda huɗu da yake juyi 3,000 a minti, sau 100 kwantak yake buɗewa a daƙiƙa ɗaya. Tsarin tsoho ne, na Charles Kettering.

Ɗan Kawo:
Injiniya an fara lacca ke nan. Mu dai a tayar da mota.

Baba Tsohon Kakuri:
Salamu alaikum. Jikata ce ta nuna min wannan magana. Ɗana Abban Khalifa, Allah ya yi maka albarka da ka riƙe motar mahaifinka. Tun da aka fara haɗa Fijo a nan Kakuri a 1975 nake cikin bonet ɗinta, har ido ya fara gajiya na bar wa yara gareji.

Ɓalle ƙugiyoyi biyu na murfin distributa, ka ɗaga shi gefe, kar ka cire wayoyin. A yi kik ka ga ko rota yana juyawa. In yana juyawa, kashe makulli, zare rota, ka buɗa bakin kwantak da farce ka haska da fitilar waya. Ka faɗa min launin fuskokin biyu. Ka kuma bi siririyar wayar da ta shiga ta gefen distributa, ka ɗan ja ta a hankali, wani lokaci roba ce kawai ta rage, jan ƙarfen ya tsinke a ciki.

Abban Khalifa:
Amin Baba, na gode. Rota yana juyawa. Wayar lafiya take. Amma bakin kwantak ɗin ya yi baƙi da shuɗi-shuɗi, gefe ɗaya ya yi rami, ɗaya gefen ya yi tsini. Robar da take hawa kan ƙarfen tsakiya ma ta ɗan narke, ta karkace. Yaron ya ce bai daɗe da sa shi ba.

Baba Tsohon Kakuri:
Ya ƙone. Kwantak ba ya yin shuɗi don tsufa, wuta ce ta yi masa yawa. Wane irin kwayil ya sa maka? Tsohon yana nan?

Abban Khalifa:
Yana but. Sabon wani ja ne, mai shagon ya ce mai ƙarfi ne, ya fi na da wuta.

Riwayan Kurmin Mashi:
Kash. Nemi aron mita wurin mai gyaran rediyo ko mai sola a layinku. Cire ƙananan wayoyin daga kwayil, sa mitar a ohm mafi ƙanƙanta. Ka fara haɗa bakin wayoyin mitar da juna ka ga abin da ta nuna, sai ka ɗebe shi daga lissafi. Auna tsakanin ƙananan kai biyun, a sabon da tsohon.

Abban Khalifa:
Bayan na ɗebe, sabon 0.8, tsohon 3.2.

Riwayan Kurmin Mashi:
Shi ke nan. Kwayil ɗin motar da ba ta da kwantak aka sa maka, wanda modul, ɗan akwatin lantarki, yake sarrafawa. Kwantak yana son kwayil mai wajen ohm 3. Akwai mai wajen 1.5, shi kuma sai da rizisto a gabansa.

Ɗan Kawo:
Haba Riwaya, kwayil ai kwayil ne. Mu a tasha duk wanda ya samu muke ɗaurawa, mota ta kai Kano ta dawo.

Injiniya Malali:
Sa'a kuka yi aka ba ku masu dacewa. Lissafin a fili yake: volt 12 a kan ohm 3 amp 4 ke nan, kuma iyakar abin da bakin kwantak yake ɗauka cikin kwanciyar hankali ke nan. Volt 12 a kan 0.8 amp 15. Modul yana iyakance wutar da kansa, kwantak ba shi da wannan dabarar. Mai shagon bai yi ƙarya ba da ya ce ya fi wuta.

Ɗan Kawo:
To ni dai ban taɓa aunawa ba, kuma ban taɓa kwana a hanya saboda kwayil ba.

Maman Ummi:
Ni tambayata ɗaya. In sabon kwayil ne ya ƙona abin, me yake kashe motar tun kafin a sa shi?

Riwayan Kurmin Mashi:
Hajiya kin fi yaron garejin tambaya. Ciwon farko yana nan ba a taɓa shi ba, an dai ɗora masa na biyu. Mutuwa da zafi da tashi bayan an huce, ni tsohon kwayil nake zargi. Siririyar wayar ciki in ta tsufa, zafi yana buɗa inda ta raunana, in ta huce ta koma ta haɗe. Mita kuma ba za ta nuna maka ba a sanyi.

Baba Tsohon Kakuri:
A'a Malam Riwaya. Kondensa ne. Kwayil ɗin da yake mutuwa da zafi, hannu ba ya iya taɓa shi, kuma sau da yawa za ka ga mai yana tsattsafowa ta wuyansa. Ɗana, akwai danshin mai a tsohon? Ka taɓa shi ranar da ta mutu a Kawo?

Abban Khalifa:
A bushe yake Baba. Ranar na taɓa shi, da ɗumi amma ba mai ƙuna ba.

Riwayan Kurmin Mashi:
Baba ranka ya daɗe, ba duka suke zubar da mai ba. Na cire busassu da yawa da suka mutu da zafi.

Baba Tsohon Kakuri:
Na ji. To mu bar motar ta raba mu. Ɗana, ga abin da za ka yi. Mayar da tsohon kwayil, BAT wajen makulli, RUP wajen distributa, kar ka juya su. Goge bakin kwantak da siririn fayil har fari ya fito, sannan ka ja farar takarda mai tsabta a tsakani har ta daina fitowa da baƙi. Wannan na gwaji ne kawai, kwantak ɗin ya riga ya tashi aiki. Juya injin har bakin ya rufe. Zare babbar wayar tsakiya daga murfi, ka riƙe ta da filaya mai roba, bakinta ya yi nisan kaurin fensir da jikin injin. Nesa da kabureta fa, tunda ka ce wurin yana warin mai, bari ya bushe tukuna. Kunna makulli, ka riƙa buɗa kwantak da tsinken katako kana saki. Ido biyu za ka sa: ɗaya a bakin babbar waya, ɗaya a bakin kwantak. In inuwa ce ko bayan magariba ya fi.

Kuma kar ka bar makulli a kunne kana hira. Kwantak a rufe, injin a tsaye, kwayil dahuwa yake yi.

Abban Khalifa:
Na yi bayan sallar magariba. A bakin kwantak wuta take tashi sosai, fau-fau, har tana haska cikin distributa. A babbar wayar kuwa sai na matso da ita dab da ƙarfe sannan wani ɗan ja-ja siriri yake fita, ba ƙara.

Baba Tsohon Kakuri:
To ka gani. Wutar da ya kamata ta fita ta sama tana ƙarewa a bakin kwantak. Aikin kondensa shi ne ya shanye wannan tartsatsin lokacin da baki ya buɗe, don wutar ta yanke tsaf. In ya mutu, wuta tana tsallake bakin tana ci gaba da bi, kwayil ba ya samun yankewar da yake so. Da lafiyarsa, ɗan ƙyas kawai za ka gani a kwantak, a sama kuma shuɗiyar wuta mai ƙara tas-tas.

Riwayan Kurmin Mashi:
Kondensa ya mutu, ban musa ba. Amma jan kwayil ɗin nan zai iya zama shi ya ƙarasa shi. Ban wanke tsohon kwayil ba sai motar ta yi zafi a hanya ta ƙi mutuwa.

Baba Tsohon Kakuri:
Wannan gaskiya ne. Mu je a haka.

Injiniya Malali:
Ni shawarata, tunda an zo nan, a raba gardama a cire kwantak da kondensa gaba ɗaya a sa na lantarki. Babu gyaran tazara, babu ƙonewa, tashi da safe ba wahala. Kondensan da suke kasuwa yanzu ma, wani sabo fil a kwali ya zo a mace. Masu ƙera motoci ba wauta suka yi ba da suka bar kwantak.

Baba Tsohon Kakuri:
Injiniya, ba na faɗa da zamani. Na lantarki ya fi wuta, ya fi daɗewa ba a taɓa shi ba. Amma ranar da modul ya mutu maka tsakanin Jaji da Zariya da dare, me za ka yi masa? Kwantak kuwa da sukundireba da ɗan fayil da kwalin ashana ka iso gida. Mai tsohuwar mota da yake son ya riƙa gyara abarsa da hannunsa, kwantak ne nasa.

Injiniya Malali:
Sai ka ajiye modul na biyu a mota Baba, kamar yadda kake ajiye kondensa.

Baba Tsohon Kakuri:
Ka tambayo kuɗin biyun ka dawo mu yi magana.

Riwayan Kurmin Mashi:
Ni ina yin duka biyun, kuma abincina ya fi yawa a na lantarki, amma ba yau ba. Ba a canza tsari a motar da ba ta tashi. A tayar da ita a yadda take, in ya so daga baya ya zaɓa. In ka sa sabon abu yanzu ta ƙi tashi, ba ka san na wa ne laifin ba.

Mai Golf Rigasa:
Ku yi haƙuri in shigo da tawa. Golf 3 ce, ita ma da zafi take ɗaukewa. Kondensa zan canza?

Riwayan Kurmin Mashi:
Taka ba ta da kwantak balle kondensa. Sensa ce a cikin distributa take gaya wa birenbos lokaci, kuma modul ɗin a manne yake da kwayil. Kwayil ɗinsu yana yawan tsagewa. Da dare ka ɗaga bonet tana silo, ka duba ko wuta tana tsalle a jikinsa. Kuma kar ka yi gwajin da Baba ya ba Abban Khalifa na riƙe waya a iska, a irin taka in wutar ta rasa inda za ta sauka modul take ci. Sa fulogi a bakin wayar ka kwantar da shi a jikin injin. Buɗe naka zancen daban ka sa hoto, kar mu cakuɗa.

Abban Khalifa:
Na shiga kasuwa na samo kwantak da kondensa. Na tafi da tsofaffin a hannu aka gwada, distributar ta kamfanin Ducellier ce. Na ɗauki kondensa biyu saboda maganar Injiniya. Baba yaya zan saita?

Baba Tsohon Kakuri:
Ka yi daidai. Goge bakin sabon da tsumma mai ɗan fetur, suna zuwa da maiƙo. Ɗaura shi, kar ka ƙulle dunƙulen sosai. Juya injin har robar ta hau kan tsinin ƙarfen tsakiya, inda baki ya fi buɗewa. A nan za ka sa fila geji mai milimita 0.40, ya shiga yana ɗan ja, ba sakwaf ba, ba da ƙarfi ba. Ƙulle, ka sake aunawa, don ƙullewa tana motsa shi. Kondensa ya zauna da kyau, jikinsa shi ne hanyarsa ta sauka, in dunƙulensa ya yi sako-sako daidai yake da babu. Ka kula da 'yar robar da ta raba wayar da jikin distributa, in ka manta ta wuta ta bi jiki. Sannan giris kaɗan, kan tsinken ashana, a shafa a ƙarfen tsakiya. Ƙurar hunturun nan tana cin robar, tazara ta riƙa rufewa da kanta, mota ta yi nauyi.

Tunda murfi yana hannunka, duba gawayin tsakiyarsa, ka danna ka ga yana dawowa. Duba ciki ko akwai tsaga ko wani baƙin layi siriri. Rota kuma ga gwajinsa: murfi a cire, riƙe babbar wayar kusa da ƙarfen kan rota, a yi kik. In wuta ta tsallaka masa da ƙarfi, ya huje ta ƙasa, a jefar.

Abban Khalifa:
Alhamdulillahi wuta ta zo! Shuɗiya, tana ƙara, tana tsallake fiye da kaurin fensir. Fitilar ma tana ƙiftawa a RUP. Rota bai ja wuta ba. Amma na mayar da komai na yi kik, sai ta yi wata irin bakfaya ta kabureta, har maƙwabta suka leƙo. Ta ƙi tashi.

Ɗan Kawo:
Na faɗa muku kabureta ce!

Baba Tsohon Kakuri:
Ɗan Kawo ka zauna. Ɗana, wa ya taɓa wayoyin fulogi bayan an janyo ta gida?

Abban Khalifa:
Yaron. Ya cire su duka ya wanke murfin da fetur ya mayar. Ya ce ya san lissafin, 1-3-4-2.

Baba Tsohon Kakuri:
Lissafinsa daidai ne, inda ya fara ƙirga ne ba daidai ba. Ya saba da motocin Japan, ya ɗauki na gaba wajen lagireto a matsayin na ɗaya. A injin Fijo daga baya ake farawa, wajen kulochi. In ka juya su, kowane fulogi yana samun wuta lokacin da silindarsa ba ta matse komai ba, bawul a buɗe, shi ya sa ta yi maka harbi.

Amma kar ka dogara da lamba, don ba mu san hannu nawa ne suka cire distributar nan tun tana sabuwa ba. Cire wayar BAT don kar ta yi wuta. Cire fulogin baya. Fulogin Fijo a cikin dogon rami yake, yatsa ba ya kaiwa, sai ka rufe bakin ramin da tafin hannu. Wani ya riƙa juya injin a hankali da sifana ta fule, ta inda yake juyawa in yana aiki. Da ka ji iska tana tura tafinka, wannan silindar ce take matsewa. A saman gidan kulochi akwai 'yar huda. Zura ƙarfe mai kaurin milimita 8, a ci gaba da juyawa sannu-sannu har ya faɗa cikin tsagar fulawil. Tsaya nan. Duba inda bakin rota yake kallo, ramin murfin da yake daidai nan shi ne na silindar baya. Daga shi ka bi yadda rota yake juyawa: na uku, na huɗu, na biyu, kana ƙirgowa daga baya zuwa gaba.

Tun ƙarfen yana ciki ka gyara taimin, tunda ka canza tazara. Mayar da wayar BAT, sassauta distributa, fitilarka a RUP, kunna makulli. Juya jikinta ta inda rota yake bi har fitila ta mutu, sannan ka dawo da ita a hankali. Daidai inda fitila ta kama, ƙulle.

Ka cire ƙarfen nan kafin ka yi kik. Na sake faɗa, ka cire shi.

Riwayan Kurmin Mashi:
Ƙari a kan na Baba, tunda fulogi yana waje ka leƙa ramukan duka. Mai ko ruwan wankin injin yana taruwa a ciki, wuta ta bi ta nan. In fulogin sun jiƙe da fetur saboda yawan kik, a busar da su. Tazararsu milimita 0.6, su ma a duba, ba a yarda da yadda suka fito daga kwali.

Abban Khalifa:
Jama'a ta tashi! Kik ɗaya. Wayoyin a juye suke kamar yadda Baba ya faɗa. Ta yi hayaƙi kaɗan ta washe, silo ɗinta ya fi na da kwanciya. Baba Allah ya ƙara lafiya da nisan kwana. Malam Riwaya, Injiniya, Allah ya saka da alheri.

Maman Ummi:
Barka. Na janye maganar adashi, zuwa wani lokaci.

Riwayan Kurmin Mashi:
Barka, amma ni da Baba ba mu gama ba. Ka fita da ita da rana tsaka, ka shiga cunkoso, ka tafi da fitilarka da filaya. In ta ɗauke, kar ka jira ta huce, nan take ka gwada BAT, ka gwada RUP, ka duba babbar waya. Fitila tana ƙiftawa amma sama ba wuta, kwayil ne.

Abban Khalifa:
Na bi ta Ahmadu Bello Way da azahar cikin go-sulo, na fita Kawo har Mararrabar Jos na dawo ta Mando. Ba ta yi ko gyatsa ba. Kwayil da ɗumi, ina iya riƙe shi.

Baba Tsohon Kakuri:
Malam Riwaya, ina sauraro.

Riwayan Kurmin Mashi:
Na sallama Baba, kondensa ne. Amma tsohon kwayil ɗin nan ya kusa sa'an Abban Khalifa, in ya samu mai ohm 3 na kirki ya saya ya ajiye a but.

Ɗan Kawo:
Tankin fa?

Abban Khalifa:
Sai bayan albashi Oga. Yanzu jan kwayil ɗin ne ya rage min, mai shagon ya ce ba ya karɓar kayan wuta in an riga an ɗaura.

Injiniya Malali:
Kar ka jefar. Ɗauki hoton lambar da take jikinsa ka turo min, akwai maƙwabcina mai 505 mai modul da yake nema. In ya dace da tasa sai ku daidaita.